Ba Makero Ba Ne

Ummi, wannan babin naki ne. Na san ƙaninki Sadik ma zai karanta, tunda ba abin da ake ajiyewa a gidan nan bai kai masa hannu ba. To ya karanta, amma da ke nake. A babin baya na ba ku labarin yadda na sauka a ƙasar nan ta 'yan Malay da ke a goye, na rungume ledar kuka da daddawa kamar wadda za a ƙwace wa. Yanzu zan tsallaka zuwa shekarar da kika cika shida, domin a shekarar nan na faɗi wata magana da ba gaskiya ba, kuma har yau kina maimaita ta ga mutane da zuciya ɗaya. Tabon nan na bayan kunnenki na hagu, inda gashi bai sake fitowa ba, wanda kike jawo kalaba ki rufe, ba makero ba ne. Ba a makaranta kika ɗauko shi ba. Ni na yi miki shi da hannuna. Na fara da wannan ne don kada in yi ta kewaye-kewaye har takarda ta ƙare ban faɗa ba, don na san halina.

A lokacin muna unguwar Setapak, a hawa na huɗu, gidan da lif ɗinsa yake aiki ranar da ya ga dama. Babanku yana harkar ɗalibai: ya tarbo su a filin jirgi, ya nema musu ɗaki, ya raka su makaranta, iyayensu su yi ta kiransa daga gida kamar shi ya haife su. Ni kuwa ina ɗaki. Aji huɗu na tsaya a firamare, sai islamiyya. Hausa nake karantawa, Turanci sai dai in gane lamba, yaren Malay kuma na sayen kifi ne da tambayar bas. Tsoro ya yi mini yawa a shekarun nan. Ina tsoron lif, ina tsoron ɗan sanda ko da ba ni yake kallo ba, ina tsoron ki yi zazzaɓi babanku ba ya nan. Abu ɗaya na iya wanda ba na jin tsoronsa, shi ne kitso. Shuku, kalaba, zane, duk wanda aka ce, hannuna ya sani.

Kitson ne ya kai ni shagon Anti Lim. Wani tsohon shagon gyaran gashi ne a layin shagunan ƙasa, tsakanin Ba'indiye mai shayi, wanda suke ce wa mamak, da masu gyaran babur. Anti tsohuwa ce 'yar Caina, 'yar ƙarama kamar a sa ta a aljihu, a saman shagon take kwana ita kaɗai. Masu zuwa wurinta ba su wuce wasu tsofaffi sa'anninta ba, sai ta ba ni kujerar baya ina yi wa ɗalibai mata kitso, ni kuma ina share mata shago ina wanke tawul. Da guntun Malay muke magana, sauran mu cike da hannu. Abin da ya fara burge ni a jikinta gashinta ne: baƙi wuluk, a nannaɗe, kullum iri ɗaya, ko sili ɗaya bai taɓa kaucewa ba. Na sha cewa a raina, ga tsohuwa ta fi ni gyara.

Bangon shagon nan cike yake da tsofaffin hotunan talla, irin na zamanin da ko uwata ba a haifa ba. Sun koɗe sun koma launin shayi da madara, amma matan ciki ba su tsufa ba. Akwai wadda ta riƙe gwangwanin hoda a gefen kumatunta tana murmushi. Akwai wadda ta buɗe wa mijinta ƙofa, da jan baki da 'yan kunne, ga tukunya tana tururi a bayanta, ko ɗigon gumi babu a goshinta. Akwai hoton da aka raba gida biyu: a na farko mace ta dafe kai gaban madubi, mijin ya ba ta baya yana karanta jarida, a na biyu ta yi wanka da wani sabulu, ya jefar da jaridar ya riƙo hannunta. Sai na ƙarshe, wanda ya fi kusa da kujerata, uwa ce tana taje kan 'yarta, gashinsu su biyu yana ƙyalli ya zubo kafaɗa kamar an kwarara zuma, ga wani kwali ruwan hoda a gabansu. Ni ban ɗauke su a matsayin kayan tarihi ba. Ban san akwai wani abu wai shi tallan zamanin da ba. Na ɗauka abin da aka buga aka kafa a bango, a ƙasar da ta fi tamu ci gaba, shi ne yadda ake so mace ta zama, kuma kowa ya sani sai ni.

Idan kin taso daga tadika, wato makarantar rainon da kike zuwa, a shagon kike zama kan ɗan benci kina cin roti, wainar fulawarsu, kina karanta duk abin da idonki ya faɗa a kai. Kin fara haɗa baƙi ke nan, ko kwalin sabulu ba ya tsira. Ke kika fara fassara mini bangon nan da Hausarki mai ɗingishi, wadda kike rufewa da "lah" irin na 'yan ƙasar.

"Umma, wannan ta ce mijinta ya daina kallonta."

"Ita ta faɗa miki?"

"An rubuta lah. Wai laifinta ne, ba ta yi wanka da wannan ba."

"To wannan ta kusa da ni fa?"

Kika taka kan benci, kika bi rubutun da yatsa, kika daɗe. Sannan kika ce wai an ce uwa ta gari a kan 'yarta ake gane ta.

Na ci gaba da kitson da nake yi, amma maganar ta shige ni ta zauna. Ki tuna babanku yini yake cikin 'yan mata 'yan jami'a, masu ƙamshi, masu gashin kanti har gadon baya, masu Turanci ta hanci. Ni kuma in ya dawo ya tarar da ni da zanen girki da warin albasa. Bai taɓa cewa komai ba, Allah ya sani, amma ni na riga na ga mutumin da ya ba da baya yana karanta jarida. Sai na sayo jan baki a kasuwar dare. Ranar farko da na shafa na tsaya a bakin ƙofa kamar matar hoton, har da karkata kai. Ya shigo ya dube ni, ya sake dubawa.

"Ke kuwa lafiya? Manja kika sha?"

"Kwalliya ce."

"To madalla, Allah ya ba da lada. Akwai tuwo?"

Na shiga banɗaki na goge. Yanzu in na tuna dariya nake yi, kuma da abin ya tsaya a kan leɓena da wannan babin na dariya ne. Amma sai ya koma kanki.

Gashinki irin na dangin babanku ne, mai cika, mai ƙarfi, ya karya mini mataji ya fi a ƙirga. Ga ki da zafin kai, da na taɓa sai kuka har maƙwabta su leƙo, ni kuma ina tsoron a ce 'yar Afirka tana dukan 'yarta a kira hukuma. Don haka kitsonki yakan yi sati uku, ya tsufa ya yi buzu-buzu, ina ta ɗaga ranar tsifa. Wata rana ina yi wa wata ɗaliba kitso, Zulai sunanta amma ta ce a ce mata Zi, ta kalle ki ta madubi ta kwashe da dariya.

"Haba Maman Ummi! Kan kowa kina zana shi kamar dardumar Makka, kan 'yarki kamar an yi dambe a kai? Ki sa mata rilaksa mana ki huta."

"Babanta ba ya so."

"Babanta ne yake taje ta?"

Ba da mugunta ta faɗa ba, bakinta ne haka. Kuma gaskiya ne babanku ya hana. Sunan mahaifiyarsa kika ci, shi ya sa muke ce miki Ummi, kuma ya taɓa ce mini, "Wannan kan Hajiya ne, ba mai ɗora masa wuta." Ko da zan saɓa masa, shago ɗaya ne a unguwar ake sayar da rilaksa, man miƙar da gashi, irin tamu, kuma na matar abokinsa ne. Kafin in iso gida da kwalin labari ya riga ni.

Ana cikin haka makarantarku ta shirya wasan ƙarshen shekara. 'Yan mata za su yi rawa da fure a ka. Malamarku, Cikgu Aini, wato Malama Aini, wata 'yar Malay mai sanyin murya wadda kike so kamar me, har in na yi miki faɗa sai ki ce za ki koma gidanta, ita take koya muku. Kika dawo wata rana kika tsaya gaban madubin Anti kina kaɗa kai hagu da dama.

"Umma, in mun juya gashin kowa yana rawa. Nawa ba ya rawa."

Kika nuna yarinyar hoton kika ce irin nata kike so. Washegari na tari Cikgu a bakin ƙofa, na nuna kanki, na haɗa 'yan kalmomin da nake da su. Ta durƙusa ta shafa kitsonki ta ce yana da kyau, in bar miki shi haka, za ta maƙala furen a jikin kalabar, ai ya ma fi zama. Da gaske take, yanzu na sani. Amma a ranar tausayi na ji a muryarta, irin wanda ake yi wa wanda ba shi da shi. Na dawo gida ina jin kamar an rubuta mini a goshi cewa ni ce uwar da aka gane ta a kan 'yarta.

Satin nan babanku ya tafi Kano ganin iyayen sababbin ɗalibai, zai yi sati uku. Ni kuma ina share ɗakin ajiyar Anti na hango wasu kwalaye a can saman kanta, ƙura ta rufe su. Na goge ɗaya da gefen zanena, sai ga uwar nan da 'yarta, su dai, da gashinsu mai zuba. Kwalin nan ruwan hoda ne na cikin hoton. Murna ta kama ni. Na ce wannan ai ba rilaksa ba ce, ban saɓa wa babanku ba. Wannan na 'yan gayu ne, kuma tunda ga yarinya a jiki, an yi shi don yara. Rabin rubutun na Caina ne, rabin Turanci ya koɗe. Na kawo miki na ce ki karanta, kika iya kama manyan baƙaƙen kawai, kika ce an ce laushi, an ce ƙyalli. Ki ji ni da kyau a nan, Ummi: abin da aka rubuta kika karanta, kuma daidai kika karanta. Shekararki shida. Wadda ya kamata ta hau bene ta tambayi mai kayan ita ce ni, kuma ban tambaya ba don ina tsoron ta ce a'a.

Ranar Lahadi bayan azahar, shago a rufe, mabuɗi yana hannuna saboda wankin tawul. Hadari ya haɗu kamar yadda yake yi kullum da rana a garin nan. Na zaunar da ke a kujerar Anti ta gaba, mai juyawa, wadda ba a barin ki hau, kina ta murna. Na tsefe kitson, na taje da ƙarfi don in gama da wuri, har na ga na ɗan kurje miki bayan kunne, ban kula ba. Da na buɗe kwalbar wani wari ya buge ni kamar ruɓaɓɓen ƙwai, idona ya kawo ruwa. Na ce ai magani mai aiki ba ya ƙamshi. Na shafa, na cika, na ƙara a inda gashin ya fi tauri.

"Umma, zafi."

"Daure. Mai son zane a ka ba ya kuka da tsinke."

Abin da uwata take ce mini ke nan in tana yi mini kitso, ya fito daga bakina ban ko yi tunani ba. Kika daure. Kin san abin da ya fi ci mini rai? Ba ke nake kallo ba a mintunan nan. Bango nake kallo, ina auna gashinki da na yarinyar, ina jira ya kwanta. Sai da na ji kin daina cewa zafi, kujerar ta fara karkarwa a hannuna, sannan na sunkuya na ga fuskarki. Na ja ki zuwa famfo, na sa hannu bayan kunnenki, gashin ya biyo yatsuna kamar jiƙaƙƙiyar auduga. Ihun da aka ji har sama nawa ne, ba naki ba.

Anti ta sauko da silifas ƙafa ɗaya. Ta shaƙi iskar shagon sau ɗaya ta gane. Ta ture ni gefe da ƙarfin da ban san tana da shi ba, ta kifa kanki a ƙarƙashin famfo, ta rufe miki ido da tafin hannunta, ta bar ruwa yana ta zuba, tana yi miki wata 'yar waƙa da yarensu. Ni ta ce in fita in tare mota. Na tsaya a cikin ruwan sama ina ɗaga hannu, ko mayafi ban ɗauka ba. A asibiti likitan, wani Ba'indiye mai furfura, ya juya kwalin da Anti ta riƙo, ya dube ni ta saman tabarau. Da Anti ya yi magana. Ita ta juyo ta faɗa mini.

"Ya ce wurin nan gashi ba zai dawo ba. Ya ce bai shiga ido ba, ki gode wa Allahnki."

Da muka koma shago kin yi barci a kafaɗata da bandeji a ka. Na kwantar da ke a benci, na tsaya ina jiran Anti ta karɓe mabuɗinta ta kore ni. Ta zauna a kujerar da kika tashi, ta ɗaga kwalin.

"Wannan ya girme ki. Kuma ba na miƙar da gashi ba ne, na nannaɗe shi ne."

Ban gane ba sai da ta nuna mini bango. Na sake kallon matan nan, sai a lokacin na lura duk ƙarshen gashinsu a murɗe yake. Sannan Anti ta sa hannu biyu a goshinta ta ɗaga gashin nan nata da nake sha'awa, ta ɗora shi a cinya kamar kyanwa. Hular gashi ce. Kanta fari fat, sai 'yan siraran gashi nan da can, da tabo iri-iri, wani ya hau kan wani. Ta ce tana 'yar shekara goma sha huɗu aka kawo ta koyon aiki a wannan shagon. Duk sabon maganin da kamfani ya kawo da hotonsa, a kan 'yan koyo uwar ɗakinsu take gwadawa, don masu shigowa su ga yaran shago sun yi kama da bango. Ta ce ba dole aka yi musu ba, rububi suke yi, kowacce tana so ta zama matar hoton.

"Mu namu a miƙe yake, hoto ya ce sai ya nannaɗe. Ku naku a nannaɗe yake, kina ƙona shi ya miƙe. Da mun haɗu tun da wuri ai sai mu yi musaya lah."

Ta yi dariya, ni na kasa. Na tambaye ta wace ce matar hoton, ko tana zuwa shagon a da.

"Ba kowa ba ce. Zane ne. Wani namiji ya zauna ya zana ta, ya karɓi kuɗinsa ya tafi cin abinci."

Na ce to me ya sa ba ta cire su ba. Ta mayar da hularta, ta daidaita a madubi, ta ce shekara hamsin suna kallon juna, in ta cire su bangon zai zama kamar kanta. Sannan ta daina wasa, ta kama hannuna ta ce in mijina ya dawo in faɗa masa yadda aka yi. Na ce to.

Ban faɗa ba. Kafin ya dawo ciwon ya bushe ya yi ɓawo, ya zagaye kamar kwabo. Yana ajiye jaka ya ɗaga ki sama, ya gani. Ya tambaye ni mene ne wannan. Na ga Hajiya a idona, na ga an ce a mayar da ni gida tunda ban iya riƙon 'ya ba, na ga kaina a jirgi ba ke. Na buɗe baki sai na ji na ce makero ne, a makaranta kika ɗauko. Na zaci zai ce Allah ya sawwaƙe ya wuce. Ban san washegari zai je tadika ba. A gaban iyaye da yara ya zazzage wa Cikgu Aini Turanci, ya ce suna karɓar kuɗin mutane suna kwantar da yara a ƙazamar tabarma. Aka duba kan kowane yaro, aka wanke makarantar kaf, wasu iyayen suka cire 'ya'yansu. Ya cire ki ke ma. Ba ki yi rawar ba.

Bayan kwana uku aka ƙwanƙwasa ƙofa. Cikgu ce, ta hawo hawa huɗu a ƙafa, da ledar lemo da furen nan na roba da aka ware miki. Ta riƙe hannuna da hannu biyu tana ba ni haƙuri, idonta ya yi ja. Ni, ita take ba wa haƙuri. Na karɓi lemon. Wallahi Ummi, na karɓa har na ce mata ba komai.

Saura ke, don ke kin san abin da ya faru. Na ce miki kada ki gaya wa Baba maganar shago, zai yi fushi da Anti ya hana mu zuwa. Kika yi shiru saboda Anti. Daga nan na yi ta cewa makero, a gabanki, ga baƙi, ga Hajiya a waya, har maganar ta zauna a kanki ta danne ta gaskiyar. Kina 'yar shekara tara kin taɓa ce mini kina tuna wani wari da kujera mai juyawa. Na ce warin maganin makero ne. Kika ce, "Oh," kika ci gaba da aikin makarantarki. Wannan ya fi ƙunar muni, don ƙunar kuskure ce, wannan kuwa da sanina na yi.

Anti ba ta tona ni ba. Da babanku ya je yi mata godiyar kai ki asibiti wai don makero, sai ta ci gaba da sharar gashi a ƙasa, ba ta ɗago ba. Washegari na tarar ta cire hoton uwar da 'yar, shi kaɗai, wurin ya bar fari mai kusurwa huɗu a bango, kwalayen kuma ta zubar. Ba ta sake yi mini faɗa ba. Sai dai duk shekara, ranar sabuwar shekararsu, in ta miƙa miki jar ambulan ɗin nan mai kuɗi a ciki da kike jira, sai ta dube ni ta ce, "Sudah?" wato an yi? Ni kuma in ce, "Belum," tukuna. Shekara bakwai muna haka. Ta rasu ina kan tukuna. Shagon yanzu na sayar da waya ne.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne watan jiya, da kika gama jarrabawa kika ce sai kin kai ni shan shayi cikin gari, wurin da ku matasa kuke zuwa. Muna shiga na ga sun cika bango da irin hotunan nan, an sa musu gilashi da fitila. Ba na Anti ba ne, amma 'yan uwansu ne: ga mai hoda, ga mai buɗe ƙofa. Kika tsaya kina karantawa kina ƙyalƙyala dariya, kika ce in matsa ki ɗauke ni a ƙarƙashin ɗaya.

"Umma, kalli yadda suka raina matan da. Wai sai kin shafa hoda miji zai dube ki. Don Allah wa zai yarda da wannan shirmen?"

Kina faɗa kina gyara ɗankwalinki ta gefen hagu, yadda hannunki ya saba. Na ce shayin ya yi zaƙi da yawa, shi ya sa ban sha ba. Ga amsarki yau: uwarki ce ta yarda. Anti ma ta yarda, da matan da suka zauna a kujerar nan kafin a haife ni. Ba wawaye ba ne, tsoro ne da su, kuma wanda ya zana hoton ya san inda tsoron yake. Na ji daɗi da kika yi dariya. Ina so ki ci gaba da yi, amma ki san a kan wa aka biya kafin abin ya zama na dariya.

Na faɗa wa babanku ranar Juma'ar da ta wuce, bayan ya dawo masallaci. Ya ce da na faɗa masa a lokacin, faɗan kwana biyu zai yi ya wuce, ba inda zai kai ni. Sannan ya ce, "Ni kuma na je na ci mutuncin baiwar Allah a banza." Ya ce zai nemi gafararta. Na ce ya bari in riga shi, don ni na aike shi.

Na san inda Cikgu take. Ta bar koyarwa, tana sayar da 'yan kayan zaƙi da safe a kasuwar Wangsa Maju. Na gan ta sau biyu, duka biyun na sauya layi. Ranar Asabar zan je. Sai dai Malay ɗina har yau na sayen kifi ne, ba zai ɗauki wannan maganar ba, ita kuma ba ta jin Hausa. Ban ce ki yafe mini kafin Asabar ba, wannan naki ne, ki ɗauki lokacin da kike so. Abin da nake roƙo ki raka ni ki yi mini tafinta. Duk abin da na faɗa ki faɗa mata yadda yake, kada ki rage don ki rufa mini asiri, kada ki gyara mini shi ya yi kyau. Furen yana cikin akwatina, ƙarƙashin zanen aurena, zan riƙo shi don ta gane mu. In mun gama, mu biya ta tsohon layinmu. Ina so in tsaya a ƙofar mai wayar nan in ce sudah, ko da zai ɗauka na taɓu.